Asalin Mas'ala a Lissafin Ƙuri'un Zaɓe: Nazari Daga Kan Iyakar Jibiya

 

Maƙasudin wannan maƙala shi ne a duba wani nau'i na tambayoyin lissafi wanda ba ya rabuwa da littattafan sakandare da takardun jarrabawa, wato tambayar da ake zubawa cikin labari, a ce an yi zaɓe a wani gari, wane ya sami kashi kaza cikin ɗari, ƙuri'a kaza ta lalace, sa'an nan a nemi ɗalibi ya fito da adadin waɗanda suka jefa ƙuri'a. Duk wanda ya daɗe yana duba takardun yara ya san cewa a nan ne da yawansu ke tuntuɓe, alhali kuwa in aka ba su lambobi tsura, ba labari, sai su ninka su raba ba gargada. Da'awar da nake son kafawa ita ce, tuntuɓen yana aukuwa tun kafin a kai ga ninkawa da rabawa, a daidai gurbin da ya kamata yaro ya dakata ya tambayi kansa, shin wannan kaso da aka ambata daga cikin wace jimilla aka yanko shi. Kuma zan nuna cewa wannan tambaya da ke ka da yaro a aji ita ce ta taɓa kai shugabancin Nijeriya gaban Kotun Ƙoli.

Na zaɓi in tsaya a Jibiya in yi wannan duba saboda matsayinta. Gari ne na Jihar Katsina a bakin iyaka, wanda in matafiyi ya wuce shingen Magama sai ya faɗa ƙasar Nijar, ya bi ta Ɗan Isa ya isa Maraɗi. Jama'ar ɓangarorin biyu harshensu ɗaya, aure da ciniki sun sarƙe su, kuma kowane ɓangare yana kasa kunne ga rediyo in ana bayyana sakamakon zaɓen ɗan'uwansa. Sai dai kuma, har zuwa juyin mulkin Nijar na 2023, dokar da ke mai da ƙuri'a ta zama mulki daban take a nan da can, ta yadda adadi guda zai iya ɗora mutum a kan kujera a kudancin shingen, ya kuma hana wani ita a arewacinsa.

Abin da malaman fara'ili suka riga mu sani

Ƙasar Katsina ba baƙuwa ba ce ga ilmin hisabi, domin daga cikinta ne Muhammadu ɗan Muhammadu Alfulani Alkatsinawi ya fito, wanda ya yi rubutu a kan tsara lambobi cikin hatimi, ya kuma rasu a Alƙahira a shekarar 1741. Amma reshen hisabi da ya fi shiga zaurukanmu shi ne na rabon gado, wanda duk almajirin da ya kai ƙarshen Risala ta Ibn Abi Zaid ya taɓa shi. Malamin da aka kira rabon gado ba ya faɗa wa dukiya da rabo daga zuwansa. Yakan fara da fitar da kuɗin jana'iza, ya biya bashi, ya zartar da wasiyya gwargwadon haddinta, sa'an nan ya dubi abin da ya saura, ya nemi adadin da nisfi da rubu'i da sumuni da sulusi da sudusi za su fita daga cikinsa ba tare da karaya ba, wanda suke kira asalin mas'ala. Na ari wannan isɗilahi a nan, tare da neman afuwar malamai in na ɗan faɗaɗa shi, ina nufin jimillar da ake yanka kaso daga jikinta.

Akwai mas'ala guda a wannan fanni da nake roƙon masu sauraro su riƙe ta, domin za mu komo gare ta. Mace ta rasu ba ɗa, ta bar miji da uwa da uba. Asalin mas'alar 6 ne, miji ya ɗauki nisfi, wato 3. Da za a ba uwa sulusin dukiyar baki ɗaya, da ta sami 2, uba ya tashi da 1, uwa ta ninka uba ke nan. Sayyidina Umar ya hukunta cewa a ba ta sulusin abin da ya saura bayan rabon miji, ta sami 1, uba ya sami 2, kuma a kan haka mazhabarmu ta Malikiyya take, ko da yake Abdullahi ɗan Abbas ya saɓa, ya tsaya a kan sulusin dukiya duka. Sunan rabon uwa bai canja ba, sulusi ake kiransa a bakin kowane ɓangare, amma da aka sauya jimillar da ake cire shi daga ciki, sai ya koma sudusi a haƙiƙa.

Mas'alar aji

Ga misali na ƙiyasi, irin wanda muke rubutawa a allo, lambobinsa kuwa ni na tsara su domin su rabu da sauƙi. An yi zaɓen kansila tsakanin mutum biyu. Kashi 10 cikin ɗari na ƙuri'un da aka jefa sun lalace. Wanda ya ci ya sami kashi 60 cikin ɗari na ingantattun ƙuri'u, ya kuma ba abokin takararsa ratar ƙuri'a 900. Mutum nawa suka jefa ƙuri'a? In kuma waɗanda suka jefa ɗin kashi 40 ne cikin ɗari na masu rajista, mutum nawa ke cikin rajistar?

A cikin wannan 'yar tambaya an ambaci ɗari sau uku, kuma kowace daban take da 'yar'uwarta: akwai ɗarin masu rajista, da ɗarin waɗanda suka jefa, da ɗarin ingantattu. Wanda ya gane haka ya gama rabin aiki. Tun da mai nasara ya sami kashi 60, abokinsa yana da 40, ratarsu kashi 20 ce ta ingantattu. In kashi 20 shi ne 900, to kashi ɗaya 45 ne, ingantattu duka 4,500 ke nan. Waɗannan 4,500 su ne kashi 90 na abin da aka jefa, saboda haka kashi ɗaya a wannan mataki 50 ne, waɗanda suka jefa 5,000. Su kuma 5,000 kashi 40 ne na rajista, rajista 12,500 ke nan.

Abin da ya fi amfani ga malami shi ne amsar da ba daidai ba, domin ita ke nuna inda tunanin yaro ya karkace. Amsar da ta fi yawan fitowa a mataki na biyu ita ce 4,950. Yaro ya sami 4,500 daidai, ya tuna an ce kashi 10 sun lalace, sai ya fitar da ushirin 4,500, wato 450, ya ɗora a kai. Lissafinsa bai yi kuskure ba ko a lamba ɗaya, amma ya cire ushirin daga abin da ya saura, alhali daga jimillar farko aka cire shi. Mai awo a kasuwar Jibiya ba zai yi wannan ɓata ba: a ce buhu yana cin tiya 40, aka ɗebe ushiri, tiya 4, saura 36, ya san in ka mayar masa da ushirin 36, wanda bai kai tiya 4 ba, bakin buhunsa ba zai cika ba, kuma ba zai sake ka ba sai ka cika. Shawarata ga abokan aikina malaman lissafi ita ce kada a bar yaro ya taɓa ninkawa sai ya rubuta, a gefen kowane kaso da ke cikin labarin, sunan jimillar da kason ya rataya a kanta, da kalmomi cikakku.

Daga allo zuwa rumfar zaɓe

Waɗannan jimloli ba ƙirƙirar marubuta littafi ba ce. Wanda ya taɓa tsayawa a rumfar zaɓe har la'asar ya ga yadda ake juye akwati a gaban jama'a, jami'in rumfa, wanda galibi ɗan bautar ƙasa ne, ya riƙa ɗaga takarda ɗaya bayan ɗaya, mutane suna ƙirgawa da ƙarfi tare da shi, har a zo kan wadda tawadar yatsa ta hau layi tsakanin alamun jam'iyyu biyu, wakilai su yi ta musu, daga bisani a aje ta gefe. Takardar sakamakon da yake cikawa, wadda hukumar INEC ke kira EC8A, tana da gurbi daban ga masu rajista, da waɗanda aka tantance, da takardun da ba a yi amfani da su ba, da waɗanda aka ƙi karɓa, da jimillar ingantattu. Kowane gurbi daga cikinsu yana iya zama asali, kuma doka ce ke faɗin wanda za a ɗauka. A ƙarƙashin Dokar Zaɓe ta 2010, ana cewa an yi aringizo ne in ƙuri'un rumfa suka zarce adadin masu rajista. Da aka zo Dokar Zaɓe ta 2022 sai aka mai da ma'aunin ya zama adadin waɗanda aka tantance a ranar. Rumfa mai rajistar 700 da aka tantance mutum 200 a cikinta, aka kuma tarar da ƙuri'a 500 a akwati, ta kuɓuta a tsohon ma'auni, ta faɗi a sabo.

Zaɓen shugaban ƙasa na 25 ga Fabrairun 2023 ya isa misali. Bola Ahmed Tinubu ya sami ƙuri'a 8,794,726 daga cikin ingantattu 24,025,940, wato kashi 36.6 cikin ɗari. In aka auna wannan adadi da masu rajista, waɗanda suka kai 93,469,008, sai ya sauko kashi 9.4. Mai goyon baya zai riƙe na farko, mai suka ya riƙe na biyu, kuma babu maƙaryaci a cikinsu matuƙar kowa ya ambaci asalinsa. Wannan bambanci yana da nauyi na musamman a ƙaramar hukuma irin Jibiya, inda hare-haren 'yan bindiga suka tashi ƙauyuka a shekarun nan, wasu mutane suka shigo gari, wasu suka nufi Katsina, wasu suka tsallaka Nijar. Sunan mutum yana nan a rajistar ƙauyensu, shi kuwa ba ya nan, don haka wanda ya dubi ƙarancin fitowa ya ce jama'a sun yi ko-in-kula, ya yi hukunci da lambar da bai binciki abin da ke ƙarƙashinta ba.

Sha biyu da sulusi biyu

Yanzu sai babbar mas'ala. Tsarin mulkin 1979 ya sharɗanta cewa ba ya wadatar ɗan takarar shugaban ƙasa ya fi kowa yawan ƙuri'a, sai ya haɗa da samun rubu'in ƙuri'un da aka jefa a kowace jiha daga cikin aƙalla sulusi biyu na jihohin tarayya, hikimar kuwa ita ce kada wani ya hau mulki da ƙuri'un yankinsu kaɗai. A zaɓen 11 ga Agustan 1979, Alhaji Shehu Shagari na NPN ya sami ƙuri'a 5,688,857, kimanin kashi 33.8 cikin ɗari, Cif Obafemi Awolowo na UPN ya bi shi da 4,916,651, sa'an nan Dokta Nnamdi Azikiwe, da Malam Aminu Kano, da Alhaji Waziri Ibrahim. Jihohi a lokacin 19 ne, Jibiya ma tana cikin tsohuwar Jihar Kaduna, domin sai a 1987 aka yanke Jihar Katsina. Sulusi biyu na 19 kuwa 12 ne da sulusi biyu. Shagari ya sami rubu'i a jihohi 12 cif, ta goma sha ukun da ya fi kusa a cikinta ita ce Kano, ƙasar Malam Aminu da jam'iyyarsa ta PRP, inda aka jefa ƙuri'a 1,220,763, ya sami 243,423, wato kashi 19.94.

Awolowo ya ce jiha ba ta gutsuruwa, saboda haka 13 ake bukata, a tafi mataki na gaba. Hukumar zaɓe ta FEDECO, da lauyan Shagari Cif Richard Akinjide, suka ce abin da ake nema a jiha ta goma sha uku shi ne rubu'in sulusi biyu na ƙuri'unta. Sulusi biyu na 1,220,763 shi ne 813,842, rubu'insa 203,460 da rabi, Shagari kuwa ya haura wannan da kusan ƙuri'a 40,000. A ranar 26 ga Satumban 1979 Kotun Ƙoli, a ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai Atanda Fatai-Williams, ta kori ƙarar Awolowo, Mai shari'a Kayode Eso ya saɓa wa sauran, aka rantsar da Shagari ranar 1 ga Oktoba.

Masu sauraro za su lura cewa rubu'in sulusi biyu sudusi ne, daidai da rabon uwa a mas'alar da muka gabatar, kuma a wurare biyun an bar sunan kaso yadda nassi ya ambace shi, an rage jimillar da ake cire shi. Amma ƙiyasin yana da rauni, kuma a nan nake da ra'ayi, ina faɗinsa a matsayin malamin lissafi, ba wanda ya isa ya yi wa kotu gyara ba. A mas'alar gado, rabon miji fita yake yi da gaske, ya ɗauka ya tafi da shi, abin da ya saura shi kaɗai ke gaban uwa da uba. A Kano babu ƙuri'ar da ta fita. An keɓe sulusin ƙuri'un jiha a kan takarda, wato 406,921, sa'an nan aka ɗauka cewa ko ɗaya daga cikinsu ba ta Shagari ba ce, aka bar masa 243,423 ɗinsa cikakku ana auna su da jimillar da aka rage. Da an rage nasa da irin ma'aunin da aka rage na jiha, da sun koma 162,282, waɗanda ba su kai 203,460 ba, kason kuma ya tsaya a 19.94 ɗinsa, domin in aka rage sama da ƙasa da nisba ɗaya kaso ba ya motsi. Mai kare hukuncin zai ce doka ba ta faɗi wane sulusi biyu za a ɗauka ba, don haka ɗan takara yana da damar a ɗaukar masa wanda ƙuri'unsa duka ke ciki. Wannan tawili ne, yana da fuska, amma ya kamata a gaya wa ɗalibi a fili cewa daga wannan gaɓa an bar hisabi an shiga fassarar nassi.

Arewacin shinge

Nijar ta kuɓuta daga wannan rikici ta wata hanya, domin a zaɓuɓɓukan da ta yi tun daga farkon shekarun 1990 sharaɗin shi ne ɗan takara ya haura rabin ingantattun ƙuri'u, in babu wanda ya haura sai na ɗaya da na biyu su koma zagaye na biyu. A zagayen farko na 1993, Tandja Mamadou na MNSD ya zo kan gaba da kashi 34 da 'yan kai, Mahamane Ousmane na CDS ya bi shi da kimanin 26 da rabi. Da aka koma a watan Maris, jam'iyyun ƙawance suka mara wa Ousmane baya, ciki har da ta Mahamadou Issoufou, ya ci da kashi 54 da ɗoriya. Kason da Tandja ya samu a zagayen farko ya ɗara wanda ya ɗora Shagari a kan mulki, amma shi bai kai shi ko'ina ba a wannan karo. A zaɓen 27 ga Disamban 2020 kuwa Mohamed Bazoum ya sami kashi 39 da ɗoriya, Ousmane kusan 17, a zagaye na biyu na 21 ga Fabrairun 2021 Bazoum ya tashi da kashi 55 da ɗoriya, Ousmane 44 da ɗoriya, kuma wannan gwamnati ce sojoji suka kifar ranar 26 ga Yulin 2023, abin da ya jawo rufe shingen Magama na watanni. Darasin lissafi a nan shi ne ba a jera kason zagaye na farko da na biyu kamar awo ɗaya, domin na farko an raba shi ne tsakanin 'yan takara masu yawa, na biyu tsakanin mutum biyu, kuma adadin masu fitowa ma yakan sauya.

Komawa Katsina

A zaɓen 2023, Atiku Abubakar ya sami ƙuri'a 489,045 a Jihar Katsina, Tinubu 482,283, ratar 6,762. An yi ta cewa wane ya cinye Katsina, alhali a ma'aunin sashe na 134 na tsarin mulkin 1999 dukansu biyu sun sami Katsina, tun da kowannensu ya haura rubu'i nesa ba kusa ba, abin da ya rage wa na gaba shi ne 'yar ratar nan da za a zuba cikin jimillar ƙasa. Jihohi 36 suna rabuwa sulusi uku ba saura, sulusi biyunsu 24 ke nan. Amma da Kotun Ƙoli ta hukunta a watan Oktoban 2023 cewa Abuja tamkar jiha ta 37 take, ba sharaɗi ce mai zaman kanta ba, sai gutsuren ya dawo, 24 da sulusi biyu, ko da yake a wannan karo wanda ya ci ya zarce adadin da jihohi da dama.

Gutsuren yana nan a cikin gidanmu ma. Sashe na 179 ya ɗora wa ɗan takarar gwamna irin wannan sharaɗi a kan ƙananan hukumomi, kuma a wannan ma'auni Jibiya ɗaya ce, Katsina ɗaya, Funtuwa ɗaya, ba a duba yawan jama'a. Jihar Katsina tana da ƙananan hukumomi 34, sulusi biyunsu 22 ne da sulusi biyu. Ina ba da shawara a sa wannan a cikin tambayoyin da muke ba 'yan babbar sakandare, da lambobin ƙiyasi, ba tare da sunan jam'iyya ba don kada aji ya koma dandalin siyasa: ɗan takara ya fi kowa ƙuri'a, ya sami rubu'i a ƙananan hukumomi 22, a Jibiya kuma ya sami kashi 20 cikin ɗari, shin ya ci? A ajina ina karɓar amsar wanda ya ce 23 ake bukata, bai ci ba. Ina kuma karɓar ta wanda ya bi hanyar 1979 ya ce ya ci, da sharaɗin ya rubuta mini a ƙasan amsarsa wane sulusin Jibiya ne ya fitar daga lissafi, ko na cikin gari ko na ƙauyukan bakin iyaka, da kuma hujjarsa ta cewa ɗan takarar bai sami ƙuri'a ko ɗaya a can ba.